Ranar da Penisimani Ya Yafe wa Kowa

Penisimani ya dawo daga tsinkar tuffa a New Zealand da ciwon baya da kuma littafi. Ciwon bayan ya warke cikin 'yan kwanaki. Littafin ne ya zame wa gari jinya.

Wani ƙaton littafi ne na Turanci, cike da hotunan kifin shak, ƙaton kifin teku mai cin mutane, bangonsa ya kumbura, danshi ya manne shafukan tsakiya sun zama kamar katako. Shi dai cewa ya yi wani babban masani ne ya damƙa masa hannu da hannu, har da ƙwalla, yana cewa duk duniya bai ga wanda ya cancanta ba sai shi. Waɗanda suka yi aikin gonar tare da shi kuwa sun ce ƙafar wani gado ce ta gajarta a ɗakin ma'aikata aka tokare ta da littafin, kuma tun da Peni ya taho mai gadon yake kwana a karkace. Turancin Peni irin na wanda ya bar makaranta da ƙafarsa ne kafin a kore shi. Yana gane hoto, yana gane lambar shafi, sauran sai ya cike da ƙarfin hali.

Da abin ya tsaya nan da sauƙi. To akwai maganar jirgi.

Kakansu ya rasu ya bar jirgin katako mai shuɗin fenti da ɗan inji a baya, wanda a tsibirinmu ya fi gona daraja. Peni yana so, ƙanensa Lisiate yana so. Hukuncin kuwa yana hannun Gwaggo Kalolaine, yayar mahaifinsu, wadda in ta yi tari a tsakar gida sai mazan dangi su gyara zama. Tana shirin aurar da 'yarta, sai ta tara su ta ce, "Na gaji da ganin fuskokinku a ƙofata. Wanda ya kira Hina ya kawo ta gaban tabarmata don walimar bikin nan, jirgi nasa ne. Ku tashi."

Hina ita ce shak. A teku ba mai kiranta da wani sunan. Zawarcinta ake yi: a kaɗa mata ƙoƙunan kwakwa cikin ruwa, a yi mata daɗin baki, a nuna mata sarƙar furanni, in ta yarda ta matso jikin jirgi sai a zura mata zarge a bayan kai. Sharaɗinta ɗaya ne, ba ta zuwa wajen masu gaba. In akwai riƙo tsakanin 'yan jirgi, ko a gidajen da suka baro, ko dai ta ƙi zuwa, ko ta zo da tata rigimar.

Ranar Lahadi bayan coci, maza suna zaune a da'ira ana zagayawa da ƙoƙon kava, jiƙon saiwar da maza ke sha a wajen hira, Peni ya shigo da littafi a hammata ya zauna a inda bai kai ya zauna ba.

"Daga yau a riƙa ce min Kyaftin," in ji shi, "don baki ya saba kafin ranar."

Dattijo Manase, shugaban gari, ya shanye ƙoƙonsa ya goge baki. "Kyaftin ɗin me, ɗana? Na gadon da ka baro a karkace?"

Aka yi dariya. Peni ya buɗe littafi ya ɗaga sama yana juya shi kowa ya gani. "Ku yi dariyarku. Ku dai kakanninku sun bar muku kacau-kacau da furanni. Ni ina da wannan, ga kuma wancan. Na san Hina ciki da waje. Na ga hoton hantarta. Akwai wanda ya taɓa ganin hantarta a nan?"

"Mun ci ma," in ji Sekope, yayan matar Peni.

"Ci daban, sani daban. Ni zan haɗa ilimin Bature da na kaka wuri guda, in tafi da safe, kafin a gama fere doya na dawo. Damuwata kawai jirgin ɗaya ne, ina tsoron ba zai ɗauke duk waɗanda zan kamo ba."

Lisiate ya ce, "Yaya, jirgin ɗaya ne dai, kuma ni ma a ciki zan tafi."

"Ka zo mana, ka riƙe kulki. Ni ne babba, ni zan fara riƙe zarge. In na gama ka gwada, in akwai saura a teku."

Manase ya dube shi sama da ƙasa. "To ji nan. Kai da ba gidan da ba ka taka wa ƙafa ba a garin nan, ina za ka samo farar zuciyar da Hina take so?"

"Wannan ai ƙaramin aiki ne, Baba. Gobe zan bi gida-gida in yafe wa kowa."

"Ka nemi a yafe maka dai."

Peni ya yi mamaki na gaske. "Ni? Me na yi? Ai ni ake yi wa."

Washegari ya yi wanka, ya shafa man kwakwa har yana ɗiga, ya ɗaura tabarmar ƙugu ta zuwa gaban manya, ya fita wanke gari.

Ya fara da 'yan jirginsa. Ya tarar da Lisiate da Sekope a bakin ruwa suna murza igiyar zarge, suna hira suna dariya, don su biyun tun suna yara ba a taɓa jin kansu ba. Peni ya tsaya a kansu ya ɗora hannu a kafaɗar surukinsa.

"Sekope, na zo in sauke nauyi. Na yafe maka."

"Madalla. Me na yi?"

"Ranar da ka ce ƙanena Lisiate ko kwano aka sa a baho ba zai iya tuƙa shi ba. Maganar ta yi min ciwo, don jinina ne, ko da yake gaskiya ce. Na yafe."

Lisiate ya saki igiya. Kafin ya buɗe baki Peni ya juyo kansa.

"Kai ma, ƙanena, na yafe maka. Ka soye jan zakaran Sekope a bayan gonar gwaza, ka cinye kai kaɗai, ko fiffike ba ka ajiye min ba. Na daɗe da abin a raina. Yau na sake shi."

Sekope ya miƙe a hankali. "Jan zakarana? Wanda na yi ta jifan karen maƙwabta a kansa har muka daina gaisawa?"

"Shi fa," in ji Peni. "To Allah ya ƙara haɗa kanmu." Ya wuce yana jin ƙirjinsa sakayau. A bayansa kuwa muryoyi suka fara hawa.

Ya samu Dattijo Manase a inuwar coci tare da fasto suna duba rufin da ke yoyo. Ya durƙusa da ladabi.

"Baba, na yafe maka munsharin da kake yi min a kunne duk Lahadi. Na kuma yafe maka cewar da ka yi wa'azin Fasto ya fi kava sa barci. Ni ban ga laifin wa'azin ba, tsawo ne kawai da maimaici. Fasto, kai ma na yafe maka wannan."

Fasto ya dubi Manase. Manase ya dubi rufi.

Haka ya yi ta bi. Ya yafe wa shugabar mawaƙan coci don ta ce muryar matar mai kanti kamar ana jan tebur, kuma a cikin kantin ya yafe mata. Ya yafe wa mai kanti sikelinsa. Ya yafe wa wata tsohuwa tsinkar lemun maƙwabciyarta ta kan shinge, ya kira maƙwabciyar ta zo ta shaida. Duk gidan da ya fita sai ka ji an turo kujera baya, wani ya ce, "Tsaya, maimaita abin da ka ce na ce." Kafin rana ta karkata, an tono maganganun da aka binne tun kafin a haifi wasu daga cikin masu faɗan.

Har ƙofar Gwaggo Kalolaine ya je. Tana zaune tana saƙar tabarma, ba ta ɗago ba.

"Gwaggo, na zo ne in ya..."

Ta ɗago ido. "Ka me?"

"In ga lafiyarki."

"Ka gani. Tafi."

Ya ajiye matarsa Vaisioa a ƙarshe, don a cewarsa na gida shi ne mai muhimmanci. Ya same ta tana kankare kwakwa. Ya zauna kusa da ita, ya sassauta murya.

"Vai, gobe za ki rufe ƙofa ki zauna shiru har in dawo, kamar yadda matan masu kiran Hina suke yi. Amma ba na son in tafi da komai a zuciya. Na yafe miki girkinki."

Hannunta ya tsaya.

"Tun da muka yi aure nake haɗiye gwazarki da ruwa, wani gefen ɗanye, wani gefen gawayi. Ban taɓa faɗa wa kowa ba sai 'yan kava. Na san ba laifinki ba ne, a wajen Mama kika koya. Ita ma na yafe mata, ki isar mata."

Vaisioa ta ajiye kwakwar. Sannan ta yi murmushi ta ce, "Na gode, Kyaftin. Zan isar."

Wani mijin da ya ji wannan muryar da ya nemi inda zai ɓuya. Peni kuwa ya miƙe ƙafa ya ce a ransa ai mace sai da lallami.

Da gari ya waye babu Vaisioa a gida, ƙofa a wangale. Ta tafi gidan uwarta isar da saƙo, ta kuma ɗaure duk wani wando da Peni ya mallaka, dogo da gajere, ta tafi da su. Abin da ta bar masa farin zanen da yake ɗaurawa zuwa coci ne kawai. Ya juya ɗaki, ya leƙa ƙarƙashin gado, ya leƙa har cikin tukunya. Daga baya ya ɗaura zanen haka nan, ya ɗora tabarmar ƙugu a kai, ya rataya sarƙar furanni, ya ce dama wanda zai je zance ai ba ya sa gajeren wando.

Hanyar zuwa bakin ruwa kuwa sai ka ce ana rabon gado a kowane gida. Nan ana buga murfin tukunya, can wata tana rantsuwa da kabarin uwarta, kare ma ya samu abokin faɗa. Peni ya bi ta tsakiya yana ɗaga hannu.

"Kun ji gari?" ya ce da 'yan jirginsa. "Kowa na fitar da abin da ke cikinsa. Aikina ke nan."

Suka shiga jirgi. Lisiate ya zauna a tsakiyar jirgi da kulki a cinya yana kallon gabas. Sekope ya zauna wajen inji yana kallon yamma.

"Faɗa wa ɓarawon zakara ya ɗaga anka," in ji Sekope.

"Faɗa wa mai dogon baki ni ko kwano ban iya tuƙawa ba, ina zan iya anka," in ji Lisiate.

Kyaftin da kansa ya ɗaga anka, ƙarfen da ake saki cikin ruwa ya tsayar da jirgi.

Suka fita ta mashigar da ke tsakanin duwatsun murjani, suka yi nisa har tsibiri ya koma kamar kore-koren tabo. Sekope ya kashe inji, ya ɗaura ƙaton kan kifi a sanda ya sa a ruwa. Peni ya ɗaure ƙarshen igiya a zoben goshin jirgi, ya tsaya da ƙafa ɗaya a kan katako, ya tsoma ƙoƙunan kwakwa ya shiga kaɗawa. Ya fara kiran yadda kowa ya sani.

"Hina, taho. Taho ki karɓi furanninki. An dama miki kava, an shimfiɗa miki tabarma, gari na jiranki."

Da ya tsaya nan da ba laifi. Sai dai bakin Peni bai taɓa sanin wurin tsayawa ba.

"Taho, Hina, kada ki yi min yanga. Ni ba irin waɗanda kika saba rainawa ba ne. Na shiga jirgin sama. Na san sirrinki kaf, yana nan a rubuce. Ba ki da ƙashi ko ɗaya a jiki, duk guringuntsi ce. Haƙoranki zubewa suke yi kamar na tsohuwa. Fatarki kuwa ko katako aka goga da ita sai ya yi santsi. Duk da haka na ce ina so. Wa zai yi miki wannan?"

"Haka ka yi zawarcin ƙanwata?" in ji Sekope.

"Kusan haka."

"Shi ya sa," in ji Lisiate, sai kuma ya tuna ba ya magana da Sekope, ya tsuke baki.

Rana ta hau. Peni ya kaɗa har hannu ya sage, ya sauya hannu. Man kwakwar da ya shafa ya fara soya shi. Furannin wuyansa suka yi laushi. Ba abin da ya taso sai wani kunkurun ruwa da ya leƙo, ya dube su, ya koma.

"To, na kaka ya yi nasa," in ji Peni. "Yanzu a ga na Bature."

Ya jawo wani bokiti da ya ɓoye a ƙarƙashin benci, cike da jini da hanjin kifi da suka kwana biyu a rana. Ya ce littafi ya ce Hina tana jin warin jini daga wata ƙasa. Ya ɗaga bokitin ya watsa da ƙarfi, sai dai bai duba inda iska take kaɗawa ba. Rabi ya tafi teku, rabi ya dawo wa mai shi. Farin zanen coci ya koma kamar na mahauci. Hanji ɗaya ya rataye a kunnensa. Ya kwance tabarmar ƙugu, wadda ita ma ta sha nata, ya cusa a ƙarƙashin benci, ya ce dama haka ake so, mai kira ya yi wari ɗaya da abin kira.

Bai rufe baki ba Lisiate ya nuna da kulki. Wani fiffiken bayan kifi ne ya tsaga ruwa yana tahowa, ba gaggawa. Da Hina ta iso ta bi ta ƙarƙashin jirgi, sai inuwarta ta fito ta wancan gefen tun wutsiyarta ba ta gama shiga ta wannan ba.

Peni ya ɗauki littafi da sauri. "Ku dakata in ga wace iri ce."

"Yaya, ajiye takardar nan ka ɗauki zarge."

"Tana cikin shafukan da suka manne."

"Irin masu cin mutane ce," in ji Sekope. "Na taimake ka da karatu. Ɗauki zarge."

Hina kuwa ta yi abin da ake so. Duk da zagin da ta sha, duk da gari na ci da wuta, ta matso jikin jirgi a hankali tana bin kan kifin da Sekope ke ja mata, ta ɗago kai kamar amaryar da ta zo a sa mata furanni. Peni ya durƙusa ya zura zarge cikin ruwa. Kanta ya shiga. A nan ake ja. Yaro ma ya san a nan ake ja. Amma a daidai nan ta buɗe baki don ta karɓi kan kifin, Peni ya ga abin da ke ciki, ya ga bai yi kama da na hoto ba ko kaɗan, don na hoto ba ya motsi. Ya runtse ido.

"Ja," in ji Lisiate.

Ido a rufe.

"Yaya, ja mana."

Jikinta ya yi ta wucewa ta cikin zarge, ya yi ta wucewa, sai da ya rage wutsiya sannan Kyaftin ya tattara ƙarfinsa ya fizga. Igiya ta shaƙe gindin wutsiya tam.

Ya buɗe ido ya duba. "Da gangan na yi. Littafi ya ce ƙarfinta duk a wutsiya yake."

Nan take Hina ta tabbatar da maganar littafi. Igiya ta fice daga hannunsa tana ƙona tafi, ta miƙe ƙyam daga zoben goshi, jirgi ya zabura, su ukun suka zube a bayan juna.

Ko a haka ma akwai dabara. Maza uku in suka haɗa hannu za su iya jawo igiya kaɗan-kaɗan har a kawo ta kusa da kulki. Peni ya kama ya ce su kama.

"Ba na riƙe igiya ɗaya da wanda ya ci zakarana," in ji Sekope.

"Faɗa masa zakaran ma tauri gare shi kamar mai shi," in ji Lisiate.

"Na yafe muku duka, ku ja," in ji Peni.

Ba wanda ya ja. Sekope ya koma ya fizgi igiyar inji, ruwan da ya fantsamo ya riga ya shaƙe shi, ya yi tari sau ɗaya ya mutu. Peni ya rarumi littafi ya jefi Hina da shi. Bai ko kai rabin igiya ba ya nutse, ya fi anka saurin tafiya ƙasa.

Ta ja su ta yi arewa, ta sake ra'ayi ta yi kudu, daga nan ta miƙe sak ta nufi tsibiri. Masu faɗa a gari suka hango jirgi yana gudu ba ƙarar inji, goshinsa a dukufe, suka ajiye faɗa suka gangaro bakin ruwa. Aka kawo wa Gwaggo Kalolaine tabarma ta zauna a gaba. Vaisioa ta zo da ƙullin kaya a kai, ta sauke, ta zauna a kansa.

Hina ta bi gefen duwatsun murjani ta wuce da su ta gaban gari kaf. Da Peni ya ga jama'a sai ya miƙe tsaye, jini a zane, furanni a wuya, yana riƙe da gefen jirgi da hannu ɗaya yana ɗaga ɗayan.

"Ga ni nan tafe da ita," ya ƙwala. "A haɗa wuta."

Dattijo Manase ya kewaye baki da tafuka. "Kyaftin, wa ya kamo wani?"

Ta kai ƙarshen gari ta juyo, ta sake wucewa da su, wannan karon har da baya-baya suka ɗan yi. Lisiate ya miƙa hannu zai ɗauki wuƙa. Peni ya riga shi, ya zauna daram a kanta.

"Yaya, tashi in yanke igiyar nan."

"Ka yanke min jirgi? Na gane ka. So kake ta kuɓuce a ce saura kai."

"So nake in kwana a gida."

"Gajiya take yi. Dubi yadda take numfashi."

"Kifi ne, Yaya."

Sai ga mashiga. Hina ta kutsa ciki da gudu, jirgi na biye, har mata suka fara ja da baya da yara. Da cikinta ya ji yashi ta gane ba nan ne gidansu ba. Ta yi wata irin juyawa wuri guda, igiya ta yi sako-sako, sannan ta fizge. Jirgi ya kwanta a gefe ɗaya ya zubar da abin da ke cikinsa. Lisiate ya faɗa ta nan, Sekope ta can. Peni ya tashi sama, sai dai gefen zanensa ya maƙale a ƙusar benci. Zane ya ce shi jirgi zai bi. Jirgi ya miƙe, ya juya, ya bi Hina ta mashiga ya fita teku, ba kowa a ciki, farin zane mai jini yana kaɗawa a baya.

Jama'a suka bi shi da kallo har shuɗin fenti ya haɗe da shuɗin ruwa.

Lisiate da Sekope suka taso suna tari, ruwa iya ƙirji. Sekope ya miƙa hannu ya tallafi Lisiate, suka fito tare, sun samu wanda za su haɗu su tsana. Peni kuwa ya tsaya inda yake, kai kawai a waje, sarƙar furanni tana yawo a kewayen wuyansa. Kuma lokacin janyewar ruwa ne, sa'ar da teku ke ja da baya kullum ya bar yashi a fili.

"Fito mana, Kyaftin," in ji Manase. "An haɗa wutar."

"Ina hutawa, Baba."

Ƙanwarsa Hingano tana zaune kusa da Gwaggo. A wajenmu namiji ko kalmar banza ba ya furtawa a gaban 'yar'uwarsa, balle abin da ruwa ke shirin nunawa. Da ta fahimci inda zane ya tafi sai ta yunƙura za ta bar wurin. Gwaggo ta dafa gwiwarta.

"Zauna. Ba a sallami kowa ba."

Hingano ta zauna ta juya baya. Ruwa ya sauko kafaɗa. Peni ya ɗan rage tsawo.

"Vai," ya kira da murya mai taushi. "Matata. Miƙo min ɗaya daga abin da kike zaune a kai."

"Wanne, Kyaftin? Ɗanyen ko gawayin?"

"Sekope, surukina, ko rigarka."

"Kare ya cinye."

"Fasto, kai mutumin Allah ne."

Fasto ya ce zai so ya taimaka, amma yana tsoron kada ya yi tsawo da maimaici.

Ruwa ya sauko ƙirji. Peni ya durƙusa a kan gwiwa, ya ja baya yana laluben rami da ƙafa, bai samu ba, don wajen shimfiɗe yake kamar faranti har bakin duwatsu. Da ya ga ba mai kawo zane, sai ya koma kan abin da ya fito nema. Ya gyara murya, ya ɗaga haɓa sama da ruwa.

"Gwaggo, a yi maganar gaskiya a gaban jama'a. Cewa kika yi wanda ya kira Hina ya kawo ta gabanki. Na kira, ta zo. Na sa mata zarge da hannuna. Na kawo ta gaban tabarmarki, har ta wuce ta dawo don ki ƙare mata kallo. Ba ki ce a kawo ta a mace ba. Akwai wanda ya ji ta ce a mace?"

Kowa ya zuba masa ido, don rashin kunya in ta kai wani matsayi sai an tsaya an kalle ta. Lisiate ya buɗe baki zai yi magana, Gwaggo ta ɗaga yatsa ɗaya, ya rufe.

Ta daɗe tana duban ɗan ƙanenta, wanda yanzu ya koma tsugune, ya rungume gwiwoyi, ruwa na wasa a haƙarƙarinsa.

"Gaskiyarka, Penisimani," in ji ta. "Ban ce a mace ba. Ka kira, ka kawo, na gani da idona. Lisiate, ban yarda ka yi jayayya da yayanka ba. Jama'a ku shaida, jirgin babana na Penisimani ne daga yau."

Peni ya washe baki. "Kun ji ko? Kun dai ji."

"Naka ne," in ji Gwaggo. Ta nuna teku da haɓa. "Tashi ka je ka ɗauko abinka."

Sannan ta juya ta ce wa mata a sauko da doya da gwaza nan bakin ruwa, yau a nan za a ci abincin rana, kuma kada kowa ya yi sauri. Aka tafi ɗauko tukwane. Manase ya sa aka kawo masa kujera.

Ruwa kuwa ya ci gaba da janyewa.